Ratsi a Fentin Mota: Abin da ke Jawo Shi da Yadda Ake Kauce Masa



Matasanmu da dama suna shiga Maraɗi da Gidan Rumji koyon sana'a a garejin mota, wasu kanikanci, wasu walda, wasu kuma fenti. A cikin ƙorafe-ƙorafen da nake fassarawa a ofishin kariya akwai wanda ya sha dawowa. Yaro ya yi feshi, mota ta bushe, aka fito da ita rana, sai ga ratsi a bonet, layi mai haske, layi mai duhu, kamar jikin jakin dawa. Mai mota ya ce ba zai biya ba. Mai gareji ya ce za a cire kuɗin fenti daga sallamar yaro. Fentin mota yana da tsada, sake bonet ɗaya yana iya cinye sallamar kwanaki da yawa, gidan da ke jiran kuɗin cefane kuwa shi ke kwana da asarar.

Ratsi yana da dalilai, kuma ba su da yawa. Wanda ya san su zai iya kauce musu, in kuma rigima ta tashi zai iya nuna inda matsalar ta fito. Iyaye, ku ajiye wannan takarda, ku ba yaranku masu zuwa gareji, ko ku sa a karanta musu.

Yadda ratsi yake samuwa

Fentin mafi yawan motocin yanzu hawa uku ne. Na ƙasa shi ne firaima, wanda ke kama ƙarfe ya rufe inda aka cike da fila. Na tsakiya shi ne kala. Na sama shi ne kiliya, ruwa ne garau wanda ke ba mota sheƙi ya kuma kare kalar daga rana. Gwangwanayen da ake sayarwa a nan Nijar galibi da Faransanci aka rubuta su, don haka ku riƙe waɗannan kalmomi huɗu: apprêt shi ne firaima, vernis shi ne kiliya, diluant shi ne tina, durcisseur kuma shi ne hadana, wato sinadarin da ke sa fenti ya yi tauri.

Kalar da ta fi yin ratsi ita ce metalik, musamman silba, ruwan toka da ruwan zinare, irin waɗanda suka cika jikin Corolla da Hilux. A cikin wannan fenti akwai ƙananan ɓarɓashin alminiyon, ƙarfen nan da ake tukunya da shi, su ne ke ƙyalli a rana. Inda fenti ya sauka da yawa ya jiƙe sosai, ɓarɓashin yakan nutse, wurin ya yi duhu. Inda ya sauka kaɗan ya bushe da wuri, ɓarɓashin yakan tsaya a sama, wurin ya yi haske. To idan a bonet ɗaya wani layi ya jiƙe wani ya bushe, ido zai ga kala biyu alhali gwangwani ɗaya aka buɗe.

Ke nan duk maganar ratsi a kan abu ɗaya take: fenti bai sauka daidai wa daida a ko'ina ba. Abin da ke hana shi sauka daidai yana fitowa daga hannun mai feshi, ko bindiga da kwamfaresa, ko haɗin fenti, ko yanayin gari, ko kuma shirin jikin mota.

Hannun mai feshi

Duk manomin da ya taɓa feshin wake ya san cewa in ya bar tazara tsakanin layi da layi, tsutsa a nan za ta zauna. Haka abin yake a mota. Fentin da ke fita daga bindiga ya fi kauri a tsakiya, ya fi siranta a gefe biyu. Saboda haka kowane layi sai ya hau rabin wanda ya gabace shi. Hanyar ganewa mai sauƙi ita ce ka saita tsakiyar bindiga a kan gefen ƙasa na layin da ka gama. A metalik, hawa kashi biyu cikin uku ma ya fi.

Tazara tsakanin bakin bindiga da jikin mota santimita 15 zuwa 20 ce, wato kamar taƙi ɗaya. In ka matsa kusa fenti zai taru ya yi duhu, har ya zubo kamar hawaye. In ka ja da baya zai bushe a iska kafin ya isa, ya sauka da haske da kaushi. Masu koyo sun fi yin kuskure a nan ta hanyar kaɗa wuyan hannu kamar mai fifita. Wanda ya yi haka, bindigarsa tana kusa a tsakiyar ƙofa, tana nesa a ƙarshenta. Wuyan hannu a ƙage yake zama, kafaɗa da ƙafa su ke tafiya, bakin bindiga yana kallon ƙarfe kai tsaye daga farkon layi zuwa ƙarshe.

Gudun hannu ma ɗaya ake so, kimanin santimita 30 a daƙiƙa. Ka fara tafiyar hannu tun kafin ka iso bakin ƙofa, sannan ka ja kunama, kada kuma ka sake ta sai ka wuce ɗaya bakin. Wanda ya ja kunama hannunsa na tsaye zai bar tabo mai duhu a farkon kowane layi.

Ku lura, bonet da rufin mota sun fi kowane wuri ratsi. Dalili shi ne mai feshi yana miƙa hannu daga gefe, bindiga ta karkace, gefe ɗaya na feshin ya fi kusa da ƙarfe. Maganinsa ka hau benci mai ƙarfi don bindiga ta kalli ƙasa sosai. Ka fara daga gefen da kake tsaye zuwa tsakiya, ka zaga da sauri, ka ci gaba daga tsakiya zuwa ɗaya gefen tun fentin bai sha iska ba. Ka rataya tiyo a kafaɗa kada ya shafi wurin da ka gama.

Bindiga da kwamfaresa

Hannu zai iya zama daidai amma bindiga ta ci amanarsa. A bakin bindiga akwai hula mai ƙaho biyu, a jikin kowane ƙaho akwai ƙananan huda da iska ke fita ta buɗe feshin. In busasshen fenti ya toshe huda ɗaya, feshin zai karkace, kuma ko ogan gareji ne ya riƙe ta sai ta yi ratsi.

Don haka kafin a taɓa mota, a manna kwali ko takarda mai faɗi a bango, a tsaya taƙi ɗaya, a ja kunama gaba ɗaya na ɗan lokaci kaɗan a sake, hannu bai motsa ba. Shatin da ya fito shi zai faɗi lafiyar bindiga.

Idan shatin dogo ne, gefensa biyu daidai, kaurinsa ɗaya daga sama har ƙasa, bindiga lafiya lau.

Idan ya lanƙwashe kamar jinjirin wata, hudar ƙaho ɗaya ta toshe.

Idan sama ta fi ƙasa kauri, ko ƙasa ta fi sama, akwai datti a hula ko a bakin bindiga. Juya hular, ƙahon dama ya koma hagu, ka sake gwadawa. In kaurin ya sauya wuri, laifin hula ne. In ya tsaya inda yake, laifin baki ne ko allura.

Idan sama da ƙasa sun yi kauri tsakiya ta tsuke, iska ta yi yawa ko fentin da ke fita ya yi kaɗan. Wannan shi ya fi kowanne jawo ratsi.

Idan fenti ya taru a tsakiya, iska ta yi kaɗan ko fentin ya yi kauri.

Ana wanke hula da tina da buroshi mai laushi. In huda ta toshe a sa tsinken sakace. Kada a sa waya ko allurar ɗinki, don suna faɗaɗa hudar, hular kuma ta lalace ke nan har abada. A wanke bindiga da zarar an gama aiki, kada a bari sai gobe.

Girman baki ma yana da muhimmanci, kuma a rubuce yake a jikinsa. Na kala da kiliya 1.3 ne ko 1.4. Na firaima ya fi faɗi, daga 1.6 zuwa sama. Wanda ya fesa silba da bakin firaima zai jiƙa ta fiye da ƙima.

Bindigogin da aka rubuta wa HVLP galibi suna son iska kimanin bar 2 a gindin bindiga, kuma ana duba agogon iska ne lokacin da aka ja kunama. Matsalar garejinmu da yawa ita ce ƙaramin kwamfaresa mai tankin lita 24 ko 50. Yana farawa da ƙarfi, kafin a kai rabin bonet iska ta ragu, feshin ya tsuke, kala ta sauya. Haka in janareta ba shi da ƙarfi, ko tiyo ya yi tsawo da siranta. Mai irin wannan kwamfaresa ya riƙa yin ɓangare ɗaya ɗaya, ƙofa ɗaya ko fenda ɗaya, ya jira tanki ya cika kafin ya kama na gaba. Kada a tsaya jira a tsakiyar ƙofa. Kowace safiya a buɗe makunnin da ke ƙasan tanki a zubar da ruwan da ya taru, don in ya biyo tiyo zai ɓata aikin.

Haɗin fenti

Ɓarɓashin metalik yana kwanciya a gindin gwangwani kamar yadda gasara ke kwanciya a ƙasan roba. Girgizawa kaɗai ba ta isa ba. A sa sanda mai faɗi a dama tun daga ƙasa har sai ba a jin wani abu ya manne a gindi. A tace da rariyar fenti kafin a zuba a kofin bindiga. In an tsaya jira tsakanin hawa da hawa, a ɗan juya kofin kafin a ci gaba, don a cikinsa ma yana kwanciya.

Awon haɗi a jikin gwangwani yake. In an rubuta 2:1 a kiliya, ana nufin awo biyu na kiliya, awo ɗaya na hadana. Kowane kamfani da nasa awon, don haka kada a ɗauki na wannan a yi wa wancan. In babu kofin awo, gwangwani ɗaya mai tsabta ya isa, muddin da shi za a auna duka. Haɗin ido shi ne ke sa kofin farko ya yi kauri na biyu ya yi ruwa, ƙofar gaba da ta baya su bambanta. Ya fi kyau a haɗa kalar da za ta isa aikin gaba ɗaya a mazubi ɗaya. Amma abin da aka riga aka sa wa hadana ba ya jira, a haɗa daidai wanda za a fesa a lokacin.

Tina iri uku ce: mai saurin bushewa, matsakaiciya, da mai jinkiri. Mai sauri ta lokacin sanyi ce. In aka sa ta da zafi, layin farko zai bushe kafin na biyu ya hau shi, ba za su narke su haɗu ba, kowane layi ya tsaya da iyakarsa. In zafi ya wuce digiri 30, mai jinkiri ake nema. Tina mai araha ta wankin bindiga, ta wanki ce kawai. Fetur kuwa ba ya shiga fenti ko kaɗan.

In ɓangare ɗaya za a fesa, a nemi lambar kalar motar. A motocin Toyota tana kan ɗan allon da ke jikin ginshiƙin ƙofa ko cikin gidan inji, bayan haruffan C/TR. Misali 040 fari ne, 1F7 silba ce. Da wannan lamba mai haɗa fenti zai fi kusantar ainihin kalar.

Yanayin gari

Kamfanonin fenti suna ƙiyasta lokacin bushewa a kan zafin digiri 20. A Maraɗi kuwa, watan Afrilu da Mayu zafi yana wuce 40 da rana, ƙarfen da ya sha rana kuma ya fi haka nesa. Da bazara a yi feshi da sassafe, a inuwa. Ka ɗora bayan hannunka a bonet, in ka ji zafi, bai isa feshi ba.

Da hunturu matsala biyu ce, iska da ƙura. Iska tana kaɗa feshin gefe tana busar da shi kafin ya sauka. A kare wurin da tamfol ta ɓangaren da iska ke shigowa, a bar ɗaya ɓangaren a buɗe don tururi ya fita, a yayyafa ruwa a ƙasa don ƙura ta kwanta.

Da damina laima ce ke yawa. Fenti yakan yi fari-fari kamar hazo, ruwa kuma yakan taru a tankin kwamfaresa da sauri. Kada a yi feshi ana ruwa ko hadari ya haɗo, kuma a zubar da ruwan tanki fiye da sau ɗaya a yini.

Shirin jiki da jira tsakanin hawa

Wani ratsin daga ƙasa yake tasowa. In jikin mota dabbare-dabbare ne, nan fila, nan tsohon fenti, nan ƙarfe, kala mara kauri ba za ta rufe su daidai ba. A shimfiɗa firaima mai launi ɗaya a duk ɓangaren. A goge ta da samfefa mai lamba 500 ko 600, in da ruwa ake gugar a kai 800. Samfefa mai kaushi tana barin karce, ɓarɓashin silba kuma yana bin karcen ya jeru a ciki, sai a ga zare-zare bayan an gama.

Kala ana yin ta hawa biyu ko uku marasa nauyi. Bayan kowane hawa a jira sheƙin jiƙa ya ɗauke, fuskar ta dushe, abin da kan ɗauki minti 5 zuwa 10 ko fiye, gwargwadon yanayi da abin da gwangwani ya ce. Wanda ya yi gaggawar zuba kiliya a kan kalar da ba ta sha iska ba, kiliyar za ta motsa ɓarɓashin, mota ta fito da gajimare-gajimare. Gaggawar minti goma tana iya jawo aikin kwana biyu.

Idan ratsi ya riga ya fito

Lokacin duba aiki shi ne bayan hawan kala na ƙarshe, kafin kiliya. Ka ja da baya taku uku, ka duba daga gefe, ka haska da tocilan ko fitilar waya a karkace. In ka ga ratsi a nan, gyaransa da sauƙi. Bari ya sha iska, ka ɗan rage ƙarfin iska, ka ja bindiga baya zuwa santimita 25 ko 30, ka yi hawa ɗaya mara nauyi kamar yayyafi, layi yana hawa layi sosai. In layukan farko a kwance ka yi su, wannan ka gicciye su. Wannan yayyafin yana daidaita kwanciyar ɓarɓashin.

In kiliya ta riga ta rufe ratsin metalik, folish ba zai cire shi ba, don a ƙarƙashi yake. Kada ku ɓata kuɗi da ƙarfi. Sai an bari ya yi tauri, a dusashe fuskar da samfefa mai lamba 800, a sake kala da kiliya.

In kuwa kala daidai take, sheƙi ne kawai ya bambanta, wani layi sumul wani da kaushi, wannan a sama yake. Bayan ya yi tauri sosai, a goge da ruwa da samfefa 1500 sannan 2000, a bi da folish, a yi hattara da gefuna inda fenti ba shi da kauri.

Lafiyar mai feshi

Hadana yana ɗauke da sinadarin da ke jawo asma, kuma wanda ƙirjinsa ya riga ya kamu, ko kaɗan ya shaƙa sai ta tashi. Ƙyalle, rawani ko takunkumin asibiti ba sa tare shi. Mafi ƙaranci shi ne takunkumin roba mai matatar gawayi, a riƙa sauya matatar, a kuma yi aiki inda iska ke ratsawa. Shan madara bayan feshi ba ya wanke huhu, duk da yadda maganar ta yaɗu a gareji. Kada a wanke hannu da tina. Kada a kunna taba ko a yi walda kusa da wurin feshi. Iyaye mata, gwangwanin fenti ko jarkar tina ba su dace da ruwan sha ko abinci ba, ko an wanke su. Wanda ke tari da dare, ko ƙirjinsa ke ƙara bayan aiki, ya je asibiti ya gaya wa ma'aikacin lafiya sana'ar da yake yi. Yaron da bai kai shekara 18 ba kada a ba shi feshi. Yarjejeniyar ƙungiyar ƙwadago ta duniya ta 1999 ta hana sa yara aiki mai haɗari, Nijar da Najeriya duk sun amince da ita.

Kafin a fara aiki, a yi magana

Daga bayanin da ya gabata kun ga ba kowane ratsi ne laifin yaro ba. Tazara, gudu da hawan layi na mai feshi ne. Bindiga mai toshewa da kwamfaresa mara ƙarfi na mai gareji ne. In mai mota ne ya kawo fenti ko tina mara kyau, ko ya matsa a yi masa da tsakar rana, shi ma yana da rabonsa. Mai koyo kuma a ƙarƙashin kulawar ogansa yake.

Saboda haka, matasa, ku yi gwajin kwali a gaban oga kowace rana. In shatin ya karkace ku nuna masa cikin ladabi kafin ku taɓa mota, ku ɗauki hotonsa a waya in kuna da ita. Ku fara koyo a tsohuwar ƙofa ko fenda da aka yar, kada bonet ɗin silba ya zama aikinku na farko. Iyaye, ranar da kuka kai yaro gareji, ku yi magana da mai wurin a gaban shaida: nawa ne sallama, yaushe ake biya, kuma in aiki ya ɓaci wa zai ɗauki asarar. Katin shaidar gudun hijira ba abin jingina ba ne, kada ku bar shi a hannun kowa saboda kuɗin fenti. Wanda aka riƙe wa kati ko aka hana haƙƙinsa, ya zo ofishin kariya a ranakun da aka saba, da hoton ko kwalin gwajinsa in yana da su. Akwai mai fassara, za a saurare shi da Hausa.